Shekara Biyu a Bakin Dogo, Ɗaya a Takarda

Ranar 24 ga Maris, 2017, alƙalai biyu na Kotun Ƙolin Indiya, A.K. Sikri da Ashok Bhushan, suka raba gardama a kan wata tambaya da ta yi shekara da shekaru tana yawo daga wannan kotu zuwa waccan. Mutum ne ya yi wa hukumar jiragen ƙasa leburanci, ana biyansa kuɗin yini, sai can da girma ya soma kama shi aka ɗauke shi aikin dindindin. To, ranar da ya zo ajiye aiki, daga ina za a fara ƙirga masa shekarun fansho? Daga ranar da ya fara ɗaukar kwandon tsakuwa a ka, ko daga ranar da akawu ya shigar da sunansa rajistar ma'aikata? Kotu ta ce a ƙirga masa shekarun leburancin, amma rabi. Duk shekara biyu da ya yi a bakin dogo, a rubuta masa ɗaya.

Wannan hukunci, da lauyoyi ke kira shari'ar Rakesh Kumar, ya faranta wa wasu rai, ya ɓata wa wasu. Akwai tsofaffin da ya buɗe musu ƙofar fansho bayan sun riga sun fid da rai. Akwai kuma waɗanda ya rage musu abin da manyan kotunan jihohi suka riga suka ba su. Ba za a gane yadda hukunci ɗaya ya yi waɗannan abubuwa biyu ba sai an san ko wane ne leburan nan, da irin matakalar da aka kafa masa ya hau.

Jirgin fasinja na farko a Indiya ya tashi daga Bombay zuwa Thane ranar 16 ga Afrilu, 1853, tafiyar kilomita 34. Yau dogon ƙasar ya haura kilomita dubu 68, ma'aikatan da ke kan albashi sun kai wajen miliyan ɗaya da dubu ɗari biyu, masu karɓar fansho kuwa sun fi su yawa. Turawan Ingila da suka shimfiɗa wannan dogo, kamar yadda suka shimfiɗa wanda ya iso Kano a 1911, sun bar wani tsari a baya: injiniya da akawu da direba suna da takardar ɗaukar aiki, aikin ƙarfi kuwa a nemo masu yinsa da safe, a lissafa musu kuɗinsu yini bayan yini. Indiya ta sami 'yancin kai a 1947, jiragen suka koma hannun gwamnatin ƙasar, amma tsarin bai bi Turawa ya tafi ba.

Duk wanda ya taɓa tsayawa ya kalli ayarin masu gyaran dogo ya san aikin. Helma yana gaba, sauran suna riƙe da diga da shebur da dogayen sandunan ƙarfe. Za su tone tsakuwar da ke kewaye da katakon da dogo ya kwanta a kai, su cusa sandunan, su ɗaga gaba ɗaya da murya ɗaya, sannan su yi ta dandaƙa tsakuwa a ƙarƙashi har katakon ya zauna daram. Ɗayansu yana can nesa da jar tuta, kunnensa na jiran ƙarar jirgi. Da bazara ƙarfe kan ɗauki zafi ya miƙe har ya nemi lanƙwashewa, dole wani ya bi layi da tsakar rana yana dubawa. Da hunturu, musamman a arewacin ƙasar, yakan tsuke ya tsage, sai a bi shi da asubahi. Da damina kuwa sintirin dare ne da fitila, a ga ko ruwa ya cinye ƙasar da ke ƙarƙashin dogo ko ya taɓa gindin gada. A jakar mai sintiri akwai wasu 'yan gwangwanaye masu albarushi da zai ɗaura a kan dogo idan ya ga ɓarna, jirgi na taka su su fashe da ƙara, direba ya san akwai haɗari a gaba. A cikin ayari guda za ka tarar da mai takardar dindindin da mai kuɗin yini kafaɗa da kafaɗa. Sanda ɗaya suke ɗagawa, jirgi ɗaya suke kaucewa. Bambancinsu yana can ofis, cikin rajista.

Kuma ba a bakin dogo kaɗai ake leburancin ba. Akwai masu raba wa fasinja ruwa a tasha lokacin zafi, da masu shara, da masu gadi, da yaran makanikai a loko, da masu haƙa da ɗaukar ƙasa inda ake gina sabon layi. Ɗan dakon tasha mai jar riga da lambar tagulla a damtse, wanda masu kallon finafinan Indiya suka sani tun fim ɗin Coolie na Amitabh Bachchan a 1983, shi ba ya cikin wannan lissafi, don lasisi gare shi, fasinja ne ke biyansa.

Dokokin hukumar sun kasa rayuwar lebura mataki uku. Na farko shi ne kuɗin yini tsantsa: ka yi aiki a biya ka, ka kwanta ciwo babu komai. Na biyu shi ne abin da suke kira matsayin wucin gadi. Leburan da ke aiki a layin da jirage ke bi, idan ya yi kwana 120 a jere, sai ya shiga ma'aunin albashi, ya riƙa samun ƙarin shekara-shekara da hutu da magani a asibitin hukuma da takardar shiga jirgi kyauta, kuma ba a sallamarsa sai an bi ƙa'ida. Na uku shi ne tabbatarwa: kwamiti ya tantance shi, likita ya gwada idonsa da lafiyarsa, a sami gurbi a rukunin ma'aikata mafi ƙanƙanta, a ba shi. Sai a nan ne ya zama ma'aikacin jirgin ƙasa a idon doka.

Abin da ya sa maganar ta yi zafi shi ne, hawa mataki na biyu da na uku ba a hannun lebura yake ba. Kwana 120 a jere abu ne mai sauƙin karyawa. Saura 'yan kwanaki ya cika, sai a ce aiki ya ƙare, a sallame shi, bayan ɗan lokaci a sake kiransa, lissafi ya koma farko. Kotunan Indiya sun sha kokawa da wannan yankewa ta da gangan. Wanda kuma ya tsallake wannan, sai ya zauna jiran gurbi, shekara goma, sha biyar, wani har ashirin. Waɗanda aka ɗauka don aikin gine-gine, kamar sabon layi ko gada, su kam nasu ya fi muni, domin an ce aikinsu mai ƙarewa ne, saboda haka ba su da rabo a matsayin wucin gadi komai daɗewarsu. Ga shi kuwa hukumar jiragen ƙasa ba ta taɓa rabuwa da gini ba. Wannan aiki na ƙarewa, sai a kwashe su zuwa wancan.

A 1982 Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a shari'ar L. Robert D'Souza, wanda ya fara aikin gyaran dogo a shiyyar kudu a 1948, aka sallame shi a 1974, hukuma kuma ta tsaya a gaban kotu tana cewa ai lebura ne na kuɗin yini. Shekara ashirin da shida ke nan. Mai shari'a D.A. Desai ya ce sallamar ta saɓa doka, kuma mutumin ya daɗe da cancantar matsayin wucin gadi. A shekarar da aka sallame shi ne ma'aikatan jiragen ƙasa suka yi babban yajin aikin nan na watan Mayun 1974 a ƙarƙashin jagorancin George Fernandes, wanda gwamnatin Indira Gandhi ta murƙushe cikin kwana ashirin da kame dubban mutane. Cikin buƙatun da suka gabatar har da a kawo ƙarshen leburancin kuɗin yini.

Leburorin gine-gine sun sami tasu ƙofar a 1985, a shari'ar Inder Pal Yadav, ita ma a gaban Desai. Ƙorafe-ƙorafe sun taru a kotu, hukuma ta kawo nata tsari: wanda ya yi kwana 360 a jere za a ba shi matsayin wucin gadi, amma sai wanda ke bakin aiki ranar 1 ga Janairu, 1984. Kotu ta lura cewa wannan rana za ta raba mutane gida biyu ba bisa wani dalili ba. Wanda ya iya kai ƙara ya sami umarnin hana sallama yana nan a bakin aiki, ɗan'uwansa da ba shi da kuɗin lauya an riga an kore shi. Sai ta mayar da ranar baya zuwa 1 ga Janairu, 1981. A 1987 wata shari'ar ta buɗe hanya ga waɗanda aka sallama tun kafin wannan rana su ma su kawo takardunsu. A 1996, lokacin da Ram Vilas Paswan ke ministan jiragen ƙasa, gwamnati ta ɗauki alkawarin tabbatar da leburori kimanin dubu 56 da suka rage a rajista. Da yawansu sun shiga aikin dindindin furfura ta riga ta fito.

A nan ne maganar fansho ta taso gadan-gadan, domin a tsohon tsarin fanshon gwamnatin Indiya shekara ita ce kuɗi. Sai mutum ya cika shekara 10 na aikin da doka ta yarda a ƙirga sannan ya cancanci fanshon wata-wata. Ana yin ɗan sassauci, shekara tara da wata tara ana cike ta ta zama goma, amma ƙasa da haka babu. Wanda bai kai ba, kuɗin sallama na lokaci ɗaya za a danƙa masa, shi ke nan. Kafin 2006 kuma cikakken fansho sai mai shekara 33, wanda ya gaza a rage masa gwargwadon giɓinsa. Giratuti ma da yawan shekaru ake auna shi. Shekarun ajiye aiki 58 ne, aka mayar da su 60 a 1998. Mutumin da aka tabbatar yana da shekara 53 ba yadda za a yi ya cika goma, sai fa in an waiwayi abin da ya yi a baya.

Hukuma ta fara waiwayar a watan Oktoban 1980, inda ta amince a ƙirga rabin shekarun da lebura ya yi bayan samun matsayin wucin gadi, in dai daga baya an tabbatar da shi. Dokokin fanshon ma'aikatan jiragen ƙasa na 1993 suka zo da doka ta 31, wadda ta yi magana a kan rabin aikin da aka biya daga asusun ko-ta-kwana, ta kuma gindaya sharuɗɗa: aikin ya kasance na cikakken yini, ya kasance irin wanda da ma ana iya buɗe masa gurbin dindindin, ya kasance ba yankewa har zuwa tabbatarwa, kuma ba a komawa baya fiye da 1 ga Janairu, 1961, wannan ma sai akwai sahihan takardu.

Bari mu ɗauki misali don lissafin ya fito fili. A ce mutum ya yi shekara 6 yana karɓar kuɗin yini, ya yi shekara 8 a matsayin wucin gadi, aka tabbatar da shi, ya yi shekara 5 ya ajiye aiki. Shekara 19 ke nan a bakin dogo. A lissafin da hukuma ta daɗe tana yi, za a ba shi biyar ɗin nan cif, a ƙara masa rabin takwas, a jefar da shidan farko. Ya tashi da shekara 9. Babu fansho. Babbar Kotun Andhra Pradesh, a shari'ar Shaik Abdul Khader, ta ga ba haka ya kamata ba, ta ce shekarun matsayin wucin gadi a ƙirga su dukkansu, na kuɗin yini kuma rabi. A wannan lissafi mutuminmu yana da biyar da takwas da uku, shekara 16. Babbar Kotun Delhi ta bi wannan sahu a shari'o'i da dama, hukuma kuma ta ɗaukaka ƙara.

Kotun Ƙoli ta tsaya a tsakani. Ta duba doka ta 20, wadda ta ce shekarun fansho suna farawa ne daga ranar da mutum ya kama muƙamin da aka naɗa shi a kai, ko da naɗin na riƙo ne ko na ɗan lokaci. Ta ce ba wa lebura matsayin wucin gadi ba naɗi ba ne a kan wani muƙami. Gata ne aka ba shi, amma gurbi bai samu ba, don haka ba za a ƙirga masa waɗannan shekaru dukkansu ba. Sai dai ta juya ga doka ta 31 ta ce ita ma hukuma ta yi kuskure da take jefar da shekarun farko, domin dokar ta haɗa har da leburan kuɗin yini. Saboda haka rabi kafin matsayin, rabi bayansa. Mutuminmu ya tashi da biyar da huɗu da uku, shekara 12. Ya tsallake goma, ya sami fansho har ƙarshen ransa, wanda tun 2016 mafi ƙanƙantarsa rupi dubu tara ne a wata, ban da ƙarin tsadar rayuwa. Kotun ta kuma tunatar cewa doka ta 107 ta ba da damar a sassauta wani sharaɗi ga wanda ya cancanta, idan ofishin da ke amincewa da fansho ya miƙa batunsa sama.

Da babu gara ba daɗi, kuma ga tsohon da shekara ɗaya ta raba shi da fansho wannan hukunci rai ne. Ban ga laifin alƙalan ba a kan karatun da suka yi wa dokar, abin da aka rubuta suka karanta. Abin da ban yarda da shi ba shi ne dokar kanta. Tun a watan Disambar 1982, a shari'ar D.S. Nakara, alƙalai biyar na wannan kotu suka tabbatar cewa fansho ba kyauta ba ce da mai gida ke bayarwa in ya ga dama, lada ne na aikin da aka riga aka yi. In haka ne, da wane ma'auni aka auna aka ga shekarar lebura rabin ta abokin aikinsa ce? Ba rabin yini ya yi ba, doka ta 31 da kanta ta ce sai mai cikakken yini. Ba wani aiki daban ya yi ba, dokar ta ce sai aikin da ya cancanci gurbin dindindin. Ke nan sharuɗɗan da aka gindaya masa kafin a ba shi rabi su ne shaidar cewa cikakken aiki ya yi. Jinkirin tabbatar da shi kuwa ba daga gare shi ya fito ba. Wanda ya ƙi buɗe gurbi, ya ƙi kiran kwamitin tantancewa a kan lokaci, shi ne ya ci ribar arhar aikin a lokacin, shi ne kuma ya sake cin riba ranar lissafin fansho. Bai kamata mai jinkiri ya amfana da jinkirinsa sau biyu ba.

Hukuma tana da hujjojinta, kuma ba na banza ba ne. Kuɗin fansho yana cin fiye da kashi ɗaya cikin biyar na abin da jiragen ke samu a shekara, kuma daga aljihun hukumar yake fita. Akwai kuma maganar adalci ga wanda ya shiga ta ƙofar jarrabawa, alhali leburori da yawa wani jami'i ne kawai ya ɗauke su a bakin aiki, wani lokaci ma don sanayya. Wannan damuwa ce ta sa Kotun Ƙoli a 2006, a shari'ar Umadevi, ta taƙaita tabbatar da ma'aikatan da aka ɗauka ba bisa ƙa'ida ba. Amma mutanen da muke magana a kansu an riga an tantance su, likita ya gwada su, hukuma da kanta ta ba su gurbi. Tambayar yadda suka shigo ta wuce. Nauyin fansho kuwa, idan za a rage shi, bai dace a fara ta kan mafi ƙarancin albashi a duk ma'aikatar ba.

Inda dokar ta fi ciwo shi ne sharaɗin nan na sai an tabbatar da mutum. Rabin da ake magana ba ya samuwa sai lebura ya kai mataki na uku. Wanda ajali ya riske shi a mataki na biyu, ko da ya shekara goma sha biyar yana karɓar albashin wata, lissafinsa sifiri ne. A 1997, a shari'ar Rabia Bikaner, Kotun Ƙoli ta ce matar leburan da ya rasu kafin a tabbatar da shi ba ta da fanshon iyali. Bayan shekara goma ta maimaita haka a shari'ar Chanda Devi. Alhali ma'aikacin dindindin, ko bai daɗe da kama aiki ba, idan ya rasu matarsa tana da fansho. A tuna fa aikin dogo aiki ne da ke cin rai, har yau jirage na kaɗe masu gyaran layi duk shekara. Mace ta fita takaba, ga 'ya'ya, ta ɗauki takardun mijinta ta je ofis, a ce mata ai sunansa yana cikin jerin waɗanda za a tantance, kwamitin ne bai zauna ba. Ba ta da wanda za ta kama. Wannan gurbi na doka, a ganina, shi ya fi cancantar gyara tun kafin a zo maganar rabi ko duka.

Sai kuma maganar shaida. Abin da lebura ke riƙe da shi kati ne, ɗan ƙaramin littafi mai hotonsa da dangwalen babban yatsansa na hagu, inda mai duba layi ke rubuta ranar da ya fara da ranar da aka sallame shi, ya sa hannu ya buga hatimi. A ofis kuma akwai rajistar dangwale da takardun biyan kuɗi. Katin nan ya bi mai shi daga wannan sansani zuwa wancan, ya sha gumi a aljihu, ya sha damina a bukkar leda, tawada ta baje, ninki ya cinye wasu ranakun. Bayan shekara talatin aka ce ya kawo shi. Idan ya ɓata, sai a koma rajistar ofis, ita kuwa takardun biyan kuɗi ba a ajiye su har abada, ofisoshin gine-gine ma ana rufe su idan aiki ya ƙare. Gaskiya ne an sami katunan jabu, har an kori mutane a kansu, don haka ba a ce hukuma ta karɓi kowace takarda ido rufe ba. Amma ajiye tarihin aiki nauyin mai ɗaukar aiki ne. Idan rajistar da ke hannunsa ta salwanta, bai kamata asarar ta faɗa kan mutumin da ko sunansa da yatsa yake sa hannu ba.

Hanyar neman haƙƙin ma doguwa ce. Tsoho zai fara da kotun ma'aikatan gwamnatin tarayya da aka kafa a 1985, in ya yi nasara hukuma ta tafi babbar kotu, daga can ta wuce Kotun Ƙoli. Wasu sun rasu ƙara na gaban alƙali, magada suka ci gaba. Har bayan hukuncin 2017 ba a huta ba. A watan Oktoban 2022, a shari'ar Munshi Ram, sai da Kotun Ƙoli ta sake zama a kan masu sayar da abinci da masu kai shi ga fasinja, waɗanda suka yi shekaru ana biyansu kamasho kafin a tabbatar da su. Takwarorinsu a wasu shiyyoyi sun riga sun sami rabin shekarunsu ta hanyar kotu, amma shiyyar arewa ta ƙi ba nata. Alƙalai M.R. Shah da B.V. Nagarathna suka ce duk shiyyoyin a ƙarƙashin hukuma ɗaya suke, ba za a ba wani a hana wani ba. Abin da takarda ɗaya daga hedikwata za ta warware, sai da tsofaffi suka je Delhi.

Duk wannan ja-in-ja a kan tsohon tsarin fansho ne, kuma ƙofarsa ta rufe. Wanda ya shiga aikin gwamnatin tarayya daga 1 ga Janairu, 2004, yana cikin sabon tsari na tara kuɗi, inda ake cire wani kaso daga albashinsa, gwamnati ta ƙara nata, abin da ya taru shi ne abin da zai ci. A irin wannan tsari shekarar da ba a zuba komai ba babu ita. Shi ya sa wannan rana ta zama sabon fagen shari'a ga waɗanda suka fara leburanci kafinta aka tabbatar da su bayanta, kowa na neman a ce tsohon tsari ne nasa. Tsarin da gwamnati ta ƙaddamar a watan Afrilun 2025, mai tabbatar da wani adadi na fansho, shi ma ya dawo da sharaɗin shekara 10, cikakken rabo kuma sai mai shekara 25. Ƙirgar shekaru ba ta rabu da ma'aikaci ba.

Leburan kuɗin yini irin na da ya kusa ƙarewa a rajistar hukumar, amma aikin da yake yi yana nan. Shara da wankin taragai da kayan shimfiɗa da wani ɓangare na gyaran layi sun koma hannun 'yan kwangila, su ke kawo mutanensu. A 1970 an yi dokar da ta tsara aikin leburorin kwangila, wadda ta ɗora wa mai ba da kwangila nauyin tabbatar da an biya su. A 2018 babban mai binciken kuɗi na Indiya ya fitar da rahoto a kan kwangilolin jiragen ƙasa, ya gano cewa a da yawansu babu shaidar an biya mafi ƙarancin albashi ko an zuba wa ma'aikata kuɗin asusun ajiyarsu na tsufa. A shekarar 2018 ɗin hukuma ta buɗe wani shafin intanet da ta wajabta wa 'yan kwangila su riƙa shigar da sunayen leburorinsu da abin da suka biya su. Mataki ne mai amfani, ko ba komai an sami rajistar da ruwa ba zai jiƙa ba. Sai dai kwanakin da ke cikinta ba sa kai mutum ga matsayin wucin gadi, ba sa kai shi ga kwamitin tantancewa, kuma doka ta 31 ba ta san da su ba, domin a takarda ɗan kwangila ne ubangidansa, ba hukumar jiragen ƙasa ba.